Turakun Hanya Sun Yi Tafiya

Mai Awo ne ya fara gani. Ya iso da safe ɗauke da na'urarsa mai ƙafa uku, ya kafa ta a bakin lambuna, ya leƙa, ya ɗago, ya goge gilashin da gefen riga ya sake leƙawa. Turakun da ya buga da hannunsa, masu jan fenti a ka, waɗanda suka shata inda sabuwar hanyar gwamnati za ta bi, ba sa inda ya bar su. Ba duka ba, na wajen rijiya kawai. Jiya rijiyar tana cikin hanya, yau ta wayi gari a waje.

Kafin rana ta take labari ya gama unguwa, kafin azahar kuma ofishin filaye ya aiko da saƙo: an dakatar da diyyar duk wanda hanyar za ta ci wa gida ko fili har sai an fito da wanda ya taɓa alamar gwamnati. Katafilar rusau kuwa ba wanda ya dakatar da ita, tana nan tafe ranar da aka sa mata. Mutanen da suka shafe watanni suna zagin diyyar nan, suna cewa ko kuɗin ƙyauren ɗakinsu ba ta kai ba, sai ga su suna salati a kanta kamar an cinye musu gado. Maƙwabci ya fara kallon maƙwabci a kaikaice.

'Yan sanda ba su wahalar da kansu ba, suka ɗauke Lauya. Shi wannan Lauyan ko ƙofar kotu bai taɓa shiga ba. Ɗan Mai Wanki ne, gyaran babur yake yi, bakinsa ne ya jawo masa sunan. Ranar da ma'aikatan ofis suka zo karanta wa mutane abin da za a biya su, shi ne ya haure wani turke da ƙafa a gaban kowa, ya rantse sai an tumɓuke su duka. Unguwa ta tafa masa a ranar. Yau da aka tura shi bayan mota ba wanda ya ce uffan sai ubansa.

Mai Unguwa ya aika a kira Mai Sawu.

Mai Sawu ya tsufa yana bin sawun dabbobin sata, kansa kullum a sunkuye. Matarsa takan ce ya fi sanin silifas ɗinta a kan fuskarta, kuma bai taɓa musawa ba. Abu ɗaya yake taƙama da shi: bai taɓa nuna wanda bai yi ba, bai kuma taɓa rufa wa wanda ya yi asiri ba, ko ɗan gidan wane ne.

"Sufeton 'yan sanda ya ba mu zuwa gobe da la'asar," in ji Mai Unguwa. "In ba mu kawo wani ba, yaron nan kotu za a kai shi, diyya kuma sai abin da Allah ya yi. Ka taimake mu."

"Ranka ya daɗe, ai tun safe ya kamata a kira ni. Yanzu duk mai ƙafa a unguwar nan ya je ya taka wurin."

"Ka dai je ka gani."

*

Haka kuwa ya tarar. 'Yan kallo sun tattake wurin kamar an ci kasuwa. Ya kore su da sanda, ya fara zagaye daga nesa yana matsowa. A ƙarƙashin tattakar ya ga wani ya share ƙasa da reshen ganye, tun daga turakun har bakin rijiya, shara mai kyau kuwa, ba ta mai gaggawa ba. Inda aka cire turakun an mayar da ƙasa an daddale. A gefe ya sami sawun babban takalmin ruwa, da na tayar ƙaramar mota.

Mutum uku ne ke cin abinci da ruwan rijiyar nan: Mai Bulo, da Mai Wanki, da yayarsa shi Mai Sawu, wadda unguwa ke kira Gwaggon Lambu. Ita ta rene shi bayan rasuwar uwarsu, ta goya shi tun ita ma ba ta wuce a goya ta ba. Mijinta ya daɗe da rasuwa, haihuwa kuma ba ta tsaya mata ba. Abin da ya bar mata shi ne lambun mangwaro da gwaba da lemu, ita kuma tana renon ƙananan itatuwa a baƙaƙen ledoji tana sayarwa. Ya same ta a inuwa tana cika leda da ƙasa, ƙafafu a miƙe saboda ciwon gwiwa.

"Auta, an sa ka aiki ke nan?"

Gemunsa ya yi fari fat, amma a bakinta har yanzu Auta ne.

"An sa ni, Yaya. Ba ki ji motsin kowa ba da asuba?"

"Da wannan kunnen nawa? Zo ka sha ruwa, leɓenka ya bushe."

Ta miƙo masa kofi daga bokitin da ke gefenta. Ya sha, ya yi hamdala, ya bi sawun takalmin ruwa.

*

Sawun bai yi kwana-kwana ba, kai tsaye ya shiga filin Mai Bulo. Mutumin na ganinsa ya ajiye shebur ya hau gaisuwa mai tsawo, har da tambayar lafiyar jakin da Mai Sawu ya sayar bara.

"Me ya kai ka bakin rijiya kafin gari ya waye?"

"Ni? Wallahi..."

"Kada ka rantse. Dunduniyar takalminka ta hagu ta tsage, ga ta can a ƙasa, ga ta nan a ƙafarka. Da za ka je ba ka da kaya, da za ka dawo ƙafarka ta nutse. Ruwa ka ɗebo. Wane bulo ake bugawa cikin duhu?"

Mai Bulo ya yi tsuru-tsuru. Ya waiga hagu da dama, sannan ya ja shi bayan tulin bulo. Ga bango nan ya kai ƙugu, simintinsa ko bushewa bai yi ba, an shafe shi da laka da toka don ya yi kama da tsoho.

"Sun ce filin da babu gini kuɗinsa kaɗan ne," in ji shi, murya ƙasa-ƙasa. "A nan na tara abin da na yi aure da shi, a nan 'ya'yana suka koyi sana'a, wai su fili kawai suka gani. Na ce to, bari in ba su ginin da suke so."

"Ka ga wani a wurin?"

"Ban ga kowa ba. Amma guga a jiƙe na same shi, igiya ma haka. Na ce ko Mai Wanki ne ya yi sammako. Don Allah ka rufa mini asiri."

"Ba bango aka aiko ni nema ba. Amma ka ƙara toka ta gefen nan, ko makaho ya shafa ya san jiya aka haife shi."

*

Shagon Mai Wanki ɗaki ne ɗaya, kaya sun yi tsibi a kusurwa, gawayin dutsen guga ya mutu tun safe. Dattijon na zaune a kan benci riƙe da rigar wani, ya ninke ya warware, ya sake ninkewa.

"Ni ban je rijiya da asuba ba," in ji shi. "Sai rana ta fito nake zuwa, kowa ya sani."

"Ɗanka fa?"

Da dattijon ya buɗe baki, hawaye ne suka riga maganar fitowa.

"Ya fita. Wai babur ɗin wani matafiyi ya mutu a bakin titi. Ban san mutumin ba, shi ma bai san sunansa ba. Na gaya wa Sufeto, ya yi mini dariya. Mai Sawu, ni na haife shi. Baki ne kawai da shi. Ga matarsa can cikinta ya tsufa, tun safe ko ruwa ta ƙi sha."

Mai Sawu ya leƙa rumfar gyaran babur da ke jikin shagon. Notuna a warwatse, baƙin mai a ko'ina, sifana ɗaya a cikin kwanon abinci. Mutumin da bai taɓa share inda yake zama ba, shi ne zai tsaya ya share fili da ganye, har ya mayar da ƙasa ya daddale? Zuciyarsa ta wanke Lauya tun a nan, sai dai ya san ƙazantar rumfa ba hujja ba ce a gaban Sufeto.

"In kana neman wanda abin ya yi wa daɗi," in ji Mai Wanki yana share ido, "ka nemi Dillali. Tun azahar yake bin gidaje, wai duk wanda ya gaji da jira ya sayar masa da haƙƙinsa na diyya, ya ba shi rabi a hannu."

*

Washegari da hantsi ya sami Dillali a cikin motarsa a bakin titi, ya kwantar da kujera yana sakace. Tayoyinta ne suka bar sawu a wajen rijiya, babu tantama.

"Motata ce, na je," in ji Dillali, ko gezau. "Na ji labari na je kallo kamar kowa."

Wannan gaskiya ce, kuma Mai Sawu ya riga ya sani. Tayar ta hau kan sharar, ta kuma hau kan sawun awakin da ake kora kiwo bayan fitowar rana.

"Kai ba ka yi da hannunka ba. Amma mai kuɗi ai ba ya rasa hannun haya."

Dillali ya yi dariya har tumbinsa na rawa.

"Baba, ni ɗan kasuwa ne. Wanda ya yi aikin nan ya yi mini rana, ba zan ɓoye ba. Amma da ni ne zan sa a matsar da turaku, na gefen shaguna zan sa a taɓa, inda kuɗi yake. Wa zai ɓata lokacinsa a kan rijiyar can? Ko kwabo ofis ba su sa mata ba."

"Ba su sa mata ba kamar yaya?"

"Babu ita a lissafi. Itatuwan lambun ma babu, tunda hanya ba ta taɓa su ba. Ba yayarka ce mai wurin ba? Ashe ba ta gaya maka ba?"

Ba ta gaya masa ba. Kusan kullum yana leƙa ta, kusan kullum sai ta tambaye shi ciwon bayansa, amma wannan ko sau ɗaya ba ta ɗaga ba. Ya bar wurin ransa a jagule, kunya ta fi komai damunsa.

*

Ya koma wajen turakun. Mai Awo na nan da guduma, yana shirin cire su ya mayar inda suke.

"Ɗan dakata mini, ɗana. Da me ka buga su tun farko?"

"Da wannan, Baba. Ƙasar nan kamar dutse take, sai da hannuna ya yi kanta."

Mai Sawu ya duba kawunan turakun. Tabon guduma na nan, amma tsoho ne, ƙura ta shiga cikinsa. Babu sabon tabo ko ɗaya, na dutse ko na itace. To ta yaya turke zai shiga ƙasar rani ba a buga shi ba?

Ya durƙusa a gindin na ƙarshe, wanda ke jikin ƙaya, inda 'yan kallo ba su taka ba. Akwai busasshiyar ciyawa a gindinsa. Jiya ya gan ta, ya ɗauka iska ce ta tara. Ya ɗage ta a hankali. Ƙasar da ke ƙarƙashi da sanyinta, da danshinta. An tona, an zuba ruwa, an tsayar da turken, an mayar da ƙasa, sannan an zagaye shi da ɗan gurbi yadda ruwa zai tsaya. A gefe da gefe ga shaidar manyan yatsu biyu, inda aka danna ƙasa don ta kama.

Ya san wannan dannawar. Hannun da ya yi ta shi ne ya taɓa kama nasa hannun, yana ɗan yaro, ya ɗora a gindin dashen gwaba yana cewa a danna a hankali, kada a shaƙe shi.

"Ka ga wani abu, Baba?" in ji Mai Awo.

Mai Sawu ya mayar da ciyawar yadda take. Ya dafa sanda ya miƙe.

"Ba kafa su aka yi ba," in ji shi, shi da kansa yake magana. "Dasa su aka yi."

*

Ya sami yayarsa a bakin rijiya tana jan guga, ta ja ta huta, ta ja ta huta. Ya karɓi igiyar ya ƙarasa mata, ya juye a bokiti, ya tsaya riƙe da gugan.

"Ka yi shiru da yawa, Auta. Tun kana yaro in ka yi irin wannan shirun, ko ka yi ɓarna ko ka gano ta."

"Yaya, me ya sa kika ba su ruwa?"

Ta dube shi. Ba ta razana ba, har da ɗan murmushi.

"Ƙasar ta yi tauri. Ina na ga ƙarfin bugawa?"

"Gurbin fa? Da ciyawar?"

"Na yi musu gurbi?" Ta juya tafin hannunta tana kallo. "Wallahi ban san na yi ba. Hannun ne ya saba."

Ta zauna a kan kututturen da ke bakin rijiyar, ta miƙe ƙafa.

"Kai kana daji kana bin shanun mutane lokacin da muka haƙa ta. Maigidana yana ƙasa, ni ina sama ina jan ƙasar da igiya, har tafin hannuna ya tsage ya warke ya sake tsagewa. Ranar da ruwa ya ɓullo, ihun da ya yi daga ciki, na ɗauka ta rufta masa ne. Na leƙa ina kuka, sai na gan shi yana watsa wa kansa ruwan laka yana dariya kamar yaro. Sanyin cikinta ne ya shiga ƙirjinsa, tarin da bai bar shi ba ke nan har ya tafi. To ka san abin da suka rubuta, Auta? Rami."

"Rami?"

"Rami. Wai abin da ba a zagaye shi da siminti ba rami ne. Na je ofishinsu har ƙafata ta gaji. Yaron da ke wurin mai ladabi ne, yana ba ni kujera, yana ce mini Mama. Na ce masa ni ba roƙon kuɗi na zo ba, ku dai gyara kalmar. Rami ake jefa guga? Rami ne ya shayar da rabin unguwa shekarar da famfo ya ƙafe? Ya ce ba shi ya tsara ba. Sun ɗauke rijiya sun bar mini itatuwa, wai ba su taɓa su ba. In babu ita, rani ɗaya ya ishe su, a tsaye za su mutu ina kallo. Shi ne na ce, hanya guda, don ta ɗan kauce ai ba za ta ji ciwo ba."

"Me ya sa ba ki gaya mini ba?"

"In na gaya maka ka yi me? Ka bi sawun gwamnati?"

Tausayinta ya kama shi.

"Ɗan Mai Wanki ne ya hana ni barci," ta ce. "Na ɗauka in sun bincika ba su ga komai ba za su sake shi. Ka je ka faɗi abin da ka gani."

"Ban ga komai ba."

"Auta."

"Na ce ban ga komai ba, Yaya!"

Bai taɓa ɗaga mata murya ba sai ranar. Ya ajiye gugan ya tafi bai waiga ba.

*

Da la'asar aka taru a wani aji na makarantar unguwa. Manya sun takure a kan bencin yara, gwiwoyi sun kusa taɓa haɓa. Sufeto na zaune a teburin malami, gefensa Mai Unguwa da wani jami'in ofishin filaye rungume da fayil. Mai Awo ya tsaya a jikin allo. An kawo Lauya, ido ya faɗa, bakin nan ya mutu murus. Waɗanda ba su sami wuri ba suka cika tagogi. Gwaggon Lambu ta shigo a ƙarshe tana dafa bango, aka matsa mata a bencin gaba.

Mai Sawu ya miƙe. Ya ce Mai Bulo ya je rijiya da asuba, amma ruwa ya ɗebo, kuma ya tarar an riga shi. Mai Bulo ya sauke ajiyar zuciya da aka ji har taga. Ya ce motar Dillali ta zo bayan an gama komai. Ya ce Mai Wanki bai taka wurin ba.

"To wa ya yi?" in ji Sufeto.

"Yallaɓai, an share wurin, mutane kuma sun tattake. Sawu ya ɓace mini."

Tsofaffin da suka san shi tun yana saurayi ba su taɓa jin wannan magana a bakinsa ba. Sufeto ya ɗaga kafaɗa, ya rufe littafinsa.

"Shi ke nan. Wanda ya yi barazana a gaban shaidu yana hannu. Gobe kotu."

Mai Wanki ya zame daga benci ya durƙusa, yana roƙo da hannu biyu, maganar ma ba ta fita sosai. Mai Sawu ya koma ya zauna, ya kafe idonsa a ƙasa. Yana jin kukan dattijon kamar ana yanka shi, amma ya datse haƙora.

Sai ya ji hannu a kafaɗarsa. Yayarsa ce ta dafa shi ta miƙe.

"Auta, ban rene ka da ƙarya ba." Ta juya wajen teburin. "Yallaɓai, ku saki ɗan mutane. Ni ce. Ƙanena ya gano tun hantsi, nauyina yake ji."

Hayaniya ta tashi. Wani a taga ya yi dariya, ya ɗauka wasa ne. Ta faɗi yadda ta yi, tiryan-tiryan: yadda ta jiƙa gindin kowane turke ta girgiza shi har ya fito, yadda ta ja bokiti a ƙasa don ba ta iya ɗauka, yadda ta share sawunta don kada ƙanenta ya gane. Ta juya ta dubi Mai Wanki da ɗansa ta ce su yafe mata. Lauya, mai bakin unguwa, ya sunkuyar da kai yana hawaye.

Mai Awo ya matso, ya rage murya.

"Mama, layin hanyar ba a jikin turakun yake ba. Yana cikin na'ura da taswira. Turakun don masu aiki su gani ne kawai. Ko bayan gari aka kai su, nan hanyar za ta bi."

Ta daɗe tana kallonsa.

"Ashe," ta ce. Hannunta ya ƙara nauyi a kafaɗar Mai Sawu.

Jami'in ofis ya yi magana da Sufeto a kunne, sannan ya buɗe fayil. Ba mugun mutum ba ne, ya gaji ne yana so ya koma gida. Ya ce ofis ba ya sha'awar ɗaure tsohuwa. A duk unguwar ita kaɗai ce ba ta amince da abin da aka kimanta mata ba. In ta dangwala yatsa a takardar yanzu, a rufe maganar turaku, a saki diyyar kowa. In ta ƙi, doka ta yi aikinta. Ya karanta da ƙarfi don kowa ya ji:

"Rami ɗaya, marar siminti. Babu diyya."

Ta dunƙule hannunta na dama ta ɓoye cikin mayafi.

"Ba zan dangwala ba. Ku kai ni inda za ku kai ni."

Sai ajin ya ɗauki roƙo. Gwaggo ki taimaka. Gwaggo katafila na tafe, ina za mu kai yara? Gwaggo kalma ce fa kawai. Mai Sawu ya ɗaga kai ya dubi masu maganar. Babu ɗaya a cikinsu da bai taɓa tsayawa a bakin rijiyar nan da bokiti ba, kuma babu ɗaya da ya yi ƙarya a kan halin da yake ciki. Wannan ne ya fi yi masa ciwo, don bai sami wanda zai ji haushi ba.

"Akwai mafita," in ji jami'in. "Tunda ta manyanta, ɗan'uwanta na jini zai iya tabbatarwa a madadinta. Baba, kai ka san wurin. Abin da na karanta haka yake? Rami ne ko ba rami ba?"

Mai Sawu ya san ɗakin da ake ajiye mutane a ofishin 'yan sanda, ya sha raka ɓarayi can. Siminti ne tsirara, ba tabarma, bokiti ɗaya a kusurwa. Ya dubi gwiwoyinta da suka kumbura har zani bai ɓoye su ba. Ya dubi fuskarta. Ba ta roƙe shi ba, ba ta girgiza kai ba, kallonsa kawai take yi, da yardar wadda ta san abin da ta rena.

"Rami ne, yallaɓai."

Ta ɗauke hannunta daga kafaɗarsa, ta dafa tebur.

Aka miƙo masa tawada ya dangwala. Sufeto ya sa aka kwance Lauya. Mutane suka fara fita suna hamdala ƙasa-ƙasa, ba wanda ya yarda ya haɗa ido da ita. Mai Sawu ya matso ya miƙa mata hannu don ta kama, yatsansa shuɗi da tawada.

"Yaya, mu je gida."

Ba ta dube shi ba. Ta leƙa bayansa, inda dattijon da ta sa ɗansa ya kwana a kulle yake tsaye.

"Mai Wanki," ta ce, "in ba za ka damu ba, kama ni mu fita. Ƙafar ta ƙi."

Mai Wanki ya dubi Mai Sawu, ya rasa yadda zai yi, sannan ya miƙa mata hannunsa. Suka fita a hankali, tana ɗingishi. Mai Sawu ya zauna a kan bencin yara, ajin ya watse ya bar shi.